MAKARIN GUBAR MAGANIN ƘWARI: YADDA YAKE AIKI A JIKIN BISA

Darasinmu na wannan karo a kan guba ne, gubar maganin ƙwari, da kuma makarinta.

Kowace shekara, daga tsakiyar damina zuwa kaka, labari iri guda ke zo wa ma'aikatan kiwo. Awaki sun shiga gonar wake da aka yi wa feshi jiya. An ɗebo ruwan sha cikin jarkar da ta taɓa ɗaukar maganin fara. Wani ya wanke shanunsa da maganin gona don ya kashe kaska. Tumaki sun lashe irin shuka mai hoda da aka aje bakin rumbu. Kafin a ankara, bisa na dalalar yawu, tana makyarkyata, ta faɗi.

Wannan guba tana da makari, kuma yana aiki ƙwarai. Amma makarin ba ya wanke guba daga jiki. Aikinsa shi ne ya riƙe ran bisa har jikinta ya samu lokacin fidda gubar da kansa. In kun gane yadda hakan ke faruwa, za ku gane dalilin da ya sa muke cewa a yi sauri, da dalilin da ya sa allura guda ba ta isa.

1. WACE GUBA MUKE NUFI?

Magungunan ƙwari dangi-dangi ne. Darasin nan ya shafi dangi biyu.

Na farko ana kiran su organofosfore. A cikinsu akwai fenitirotiyon, wanda aka fi sani da Sumithion, da malatiyon, da kulorfirifos, wato Dursban. Waɗannan su ne aka yi ta fesa wa fara a ƙasashen Sahel, kamar a farar 1988 da ta 2004. Akwai diyazinon da ake wankan bisashe da shi. Akwai kuma wanda aka rubuta wa DDVP, mai suna Sniper, wanda a kasuwa ake ce wa piya-piya. In kun sa mai karatu ya duba takardar da ke jikin kwalba, ya ga sunan sinadarin ya ƙare da «phos», «fos», «vos» ko «thion», to galibi ɗan wannan dangi ne.

Na biyu ana kiran su karbamat. Wanda aka fi sani a cikinsu shi ne Furadan, mai ƙwaya-ƙwaya kamar yashi. Nijar na cikin ƙasashen CILSS da suka hana shi a shekarar 2015. In kun gan shi a kasuwa, kada ku saya.

Dangin biyu hanya guda suke kashewa. Ƙwaro, akuya, sa, mutum, duk wuri guda suke kamawa a jiki.

2. YADDA JIKI KE AIKA SAƘO

A jikin kowace bisa akwai jijiyoyin saƙo. Ba jijiyoyin jini ba ne. Farare ne kamar zare, sun taso daga ƙwaƙwalwa da lakar gadon baya, sun ratsa ko'ina. Su ke gaya wa tsoka ta motsa, baki ya kawo yawu, hanji ya tura abinci, zuciya ta rage gudu.

Jijiyar ba ta manne da wurin da take aika wa saƙo ba. Akwai ɗan tsakani. Idan saƙo ya zo ƙarshen jijiya, sai ta saki wani sinadari mai suna asetilkolin. Mu kira shi ɗan aike. Ɗan aike ya tsallaka, ya ƙwanƙwasa ƙofa, sai tsokar ta motsa ko yawun ya zubo.

To da ya isar da saƙo, dole a sallame shi nan take. Akwai wani sinadari da ke tsaye bakin ƙofa don wannan aiki, sunansa kolinesteraz. Mu kira shi dogari. Kafin ƙiftawar ido ya kawar da ɗan aike, ƙofa ta huta, ta jira saƙo na gaba. Haka abin ke tafiya dare da rana.

3. ABIN DA GUBA KE YI

Gubar ba ta taɓa ɗan aike. Dogari take kamawa, ta yi masa dabaibayi. Daga nan babu mai sallamar kowa. Ƴan aike sai taruwa suke yi bakin ƙofa, kowa na ƙwanƙwasawa, ba hutu. Duk alamun da kuke gani daga nan suka fito.

Ƙofofin iri biyu ne, ku riƙe wannan da kyau.

Iri na farko su ne ƙofofin cikin jiki: na yawu, na hawaye, na hanji, na mafitsara, na huhu, na zuciya, na ƙwayar ido. In suka cika da ƴan aike za ku ga:
- yawu na zuba kamar igiya, da hawaye da majina;
- zawo da fitsari a kai a kai, da ciwon ciki;
- baƙin ido ya tsuke, ya zama ɗan ƙarami;
- numfashi da ƙyar, baki buɗe, ƙirji na kurari;
- zuciya na bugawa a hankali.

Iri na biyu su ne ƙofofin tsoka. In suka cika za ku ga fata na rawa, tsokar fuska da wuya da cinya na makyarkyata, bisa na tafiya a sandare, daga baya ƙarfi ya ƙare ta kwanta. In gubar ta kai ƙwaƙwalwa sai shure-shure da farfaɗiya.

Abin da ke kashewa shi ne numfashi. Hanyoyin iska sun tsuke, ruwa ya cika huhu, tsokar da ke jan numfashi ta gaji. Bisa tana kan tudu amma kamar ta nutse a tafki.

In ta baki gubar ta shiga, alamun kan fito cikin ƴan mintoci ko ƴan awowi. In ta fata ce, kamar wajen wanka, tana iya kai kwana guda ko fiye.

4. MAKARI NA FARKO: ATIROPIN

Atiropin shi ne babban makari. In ya shiga jini sai ya je ya zauna a ƙofofin cikin jiki, ya toshe su. Ƴan aike suna nan tare, dogari yana nan ɗaure, amma ƙofa ba ta jin ƙwanƙwasa. Sai yawu ya tsaya, huhu ya bushe, hanyar iska ta buɗe, zuciya ta koma gudunta. In an yi allurar a jijiyar jini, cikin ƴan mintoci ake ganin canji.

Abu uku ya kamata ku sani game da shi.

Na ɗaya: ƙofofin tsoka ba nasa ba ne, ba ya shiga cikinsu. Saboda haka bisa na iya ci gaba da makyarkyata bayan allura. Kada ku ce magani bai yi ba. Likita ba makyarkyata yake dubawa ba. Baki yake dubawa ko ya bushe, ya saurari ƙirji ko ya washe, ya ji bugun zuciya.

Na biyu: ƙarfinsa na wucewa cikin ƴan awowi, alhali gubar na nan. Tumbin saniya babban ma'aji ne, hakin da ta ci mai guba yana ciki yana ta sakinta kaɗan-kaɗan. Wasu gubobin kuma cikin kitse suke ɓoyewa. Don haka ake sake allura bayan awa 3 zuwa 6, ko duk sa'ad da yawu ya dawo, har kwana 1 ko 2, wani lokaci fiye. Bisashe da yawa sun tashi bayan allurar farko, mai su ya yi hamdala ya koma daji da su, cikin dare suka mutu.

Na uku: awonsa da nauyin bisa yake tafiya, kuma mai yawa ake buƙata. Ga shanu da tumaki da awaki, likitoci kan fara da wajen rabin miligaram kan kowane kilo. Akuya mai kilo 30, miligaram 15 ke nan. Sa mai kilo 300, miligaram 150. Ƴar kwalbar atiropin da ake yi wa mutane allura da ita galibi miligaram 1 ce ko ƙasa da haka. Ku yi lissafi: sa guda zai cinye 150 a allurar farko. Shi ya sa in kun kira likitan bisashe, ku gaya masa bisa nawa suka kamu da girmansu, don ya zo da isasshe. Wani kashi ana sa shi a jijiyar jini a hankali, saura a tsoka ko ƙarƙashin fata.

Atiropin da ya wuce kima shi ma guba ne. Tumbi na tsayawa, ciki ya kumbura, jiki ya yi zafi, bisa ta rikice. Doki da jaki ba su jure shi kamar shanu, hanjinsu na iya tsayawa, awonsu ƙasa yake ƙwarai. Wannan ba allurar da mutum zai saya a kasuwa ya yi da ka ba ce.

Wani zai ce: ai mun ji akwai atiropin cikin zaƙami. Gaskiya ne, zaƙami, wanda wasu ke kira haukata-yaro, yana da shi da ƴan'uwansa, kuma daga wani tsiro danginsa aka fara tace maganin a Turai. Amma babu mai iya sanin awon da ke cikin ganye ko ƴaƴan zaƙami. Wanda ya ɗura wa bisa shi ya ƙara mata guba kan guba.

5. MAKARI NA BIYU: FIRALIDOKSIM

Wannan an samo shi a Amurka a shekarar 1955. A ƙasashe masu amfani da Faransanci an fi sanin sa da sunan Contrathion. Aikinsa dabam yake. Shi wurin dogari yake zuwa, ya kama gubar, ya fizge ta, ya kwance dabaibayi. Dogari ya koma bakin aiki. Ta haka yake taimakon ƙofofin tsoka, inda atiropin ba ya isa.

Amma yana da lokaci. Kun san ƙiri: in aka ƙulla shi yana ɗanye, ana iya kwancewa. In ya bushe a kan ƙullin, sai dai wuƙa. Haka gubar take. Bayan wani lokaci takan canza kama a jikin dogari, ƙullin ya bushe, babu maganin da zai kwance shi. Masana sun auna wannan a jinin mutum. Ga irin su malatiyon, fenitirotiyon da piya-piya, cikin wajen awa 4 rabin dogarawan da aka ɗaure sun wuce kwancewa. Ga irin su kulorfirifos da diyazinon, sai bayan fiye da awa 30. In ƙulli ya bushe, sai dai jiki ya ƙera sababbin dogarawa, wannan kuwa aikin makonni ne.

Ga dangin karbamat, irin su Furadan, ƙullin sako-sako ne, yakan kwance da kansa cikin kwana 1 ko 2. Atiropin kaɗai ake yi. Amma kada wannan ya ruɗe ku: Furadan na kashewa da sauri, tun kafin ƙullin ya kwance.

Firalidoksim yana da tsada, ba ko'ina ake samun sa ba. In babu shi, kada ku yanke ƙauna. A wani gwaji da aka yi kan marasa lafiya a ƙasar Siri Lanka, wanda sakamakonsa ya fito a 2009, an ga yana kwance dogari cikin jini, amma bai rage yawan masu mutuwa ba. Atiropin da wuri, isasshe, a kai a kai, shi ne ginshiƙi. In akwai farfaɗiya, likita kan ƙara da Valium.

6. DANGINSU NA FAGEN YAƘI

Don ku san ba da abin wasa kuke mu'amala ba, ga asalin wannan dangi. A shekarar 1936, a Jamus, wani masani mai suna Gerhard Schrader yana neman sabon maganin ƙwari, sai ya faɗa kan wata guba da ta fi ƙarfin gona, aka sa mata suna tabun. A 1938 aka samo sarin. Sojoji suka karɓe su, suka zama makamai. Ran 20 ga Maris 1995 wasu mutane suka saki sarin cikin jiragen ƙarƙashin ƙasa na birnin Tokiyo, a Japan. Fiye da mutum 10 suka mutu, dubbai suka nufi asibiti, idanu a tsuke, numfashi da ƙyar. Da atiropin da firalidoksim aka yi musu magani. Su ne kuma sojoji ke ɗauka cikin allurar da mutum ke caka wa kansa a cinya. Wata gubar yaƙin mai suna soman kuwa cikin ƴan mintoci ƙullinta ke bushewa.

Maganin da ke cikin jarkar feshi bai kai waɗannan ƙarfi ba, amma dogari guda suke ɗaurewa, makari guda ake yi musu.

7. INDA WANNAN MAKARI BA YA AIKI

Ba kowane yawu da makyarkyata ne gubar wannan dangi ba.
- Taktic da Butox, da ake wankan kaska da su, wasu dangi ne dabam. Atiropin ba makarinsu ba ne.
- Phostoxin, ƙwayar da ake sa wa cikin buhun wake, ba ta da makari.
- Takin ure, in bisa ta ci shi da yawa ko ta sha ruwansa, yana kawo yawu da makyarkyata da kumburi. Maganinsa dabam ne.
- Gyauron dawa ɗanye shi ma yana kashewa da sauri, da tasa gubar.

Saboda haka kwalbar ko buhun ko takardar maganin ita ce shaida ta farko. Ku kai wa likita ita. In babu, ku gaya masa inda bisashe suka yi kiwo da inda suka sha ruwa tun jiya.

8. ABIN YI KAFIN LIKITA YA ISO

a) Ku janye garke duka daga wurin, har waɗanda ba su nuna alama ba. Ku rufe ruwan ko abincin da kuke zargi.

b) Ku kira likitan bisashe ko mataimakinsa na gari nan take, ta salula ko ku tura yaro bisa moto. Ku faɗi sunan magani, lokacin da abin ya faru, yawan bisashe da girmansu.

c) In ta fata gubar ta shiga, ku wanke bisa da ruwa mai yawa da sabuni. Ruwan sanyi, ba na zafi ba. Kada ku goge da ƙarfi. Ku sa leda ko safar roba a hannu. Ku yi wankan nesa da rijiya da mashaya.

d) Ku kai ta inuwa, wuri shiru. Kada ku kora ta da gudu. In ta kwanta, ku tallafe ta bisa ƙirjinta, kai ya ɗan sunkuya don yawu ya zuba waje.

e) Kada ku ɗura mata man gyaɗa, man shanu ko nono. Gubar nan cikin mai take narkewa, maiƙo na iya taimaka mata ta shiga jini. Ban da haka, bisa mai dalalar yawu ba ta iya haɗiya daidai, abin da kuka ɗura huhu zai tafi. Akwai gawayi na musamman da likita ke ba da wa ta tiyo don ya kama gubar da ta rage cikin tumbi. Gawayin murhu bai kai shi ƙarfi ba.

f) Bayan ta tashi, ku sa mata ido kwana 3 aƙalla. Kada a sake yi mata wanka da magani na wannan dangi sai bayan makonni, don dogarawanta ba su cika ba, kaɗan ma na iya kayar da ita. Maganin tsutsar ciki mai suna lebamizol shi ma kada a ba ta shi cikin kwana 14 kafin ko bayan irin wannan wanka.

Maruƙa, ƴan tumaki da bisashen da suka rame su suka fi saurin faɗuwa. Su za a fara dubawa.

9. NAMA, NONO DA MUTANEN GIDA

Mun san abin da ke zuwa zuciya in bisa na shure-shure: a sa wuƙa kafin ta zama mushe. Yanka na halatta nama, amma ba ya fidda guba. Tana nan cikin hanta, tumbi da kitse. Kada ku ci, kada ku sayar wa mahauci. Ku gina rami mai zurfi nesa da ruwa ku binne, don karnuka da angulaye kada su ci su mutu. Nonon wadda ta warke a zubar da shi, kada a ba yara, kada a kai kasuwa, har ranar da likita ya ce.

In mutum ne ya kamu, ko mai feshi, ko mai wankan shanu, ko yaron da ya sha daga kwalba, alamun iri guda ne: yawu, gumi, amai, zawo, tsukewar ido, ƙuncin ƙirji. Ku tuɓe masa tufafin, ku wanke shi da sabuni, ku kwantar da shi ta gefe. Kada ku sa shi amai, kada ku ba shi nono ko mai. Ku kai shi gidan likita mafi kusa tare da kwalbar. In kun ga ana ta yi masa allura bayan allura, kada ku tada hankali. Haka ake yin atiropin, ana ƙarawa har ƙirji ya washe.

10. RIGAKAFI

Jarkar magani ba ta wankuwa. A huda ta, kada ta koma rijiya ko wurin tatsa. Maganin gona na gona ne, ba na jikin bisa ba. Na wanka kuma a bi awon ruwan da aka rubuta, kada a ƙara don wai ya fi kashe kaska. In ma'aikatan yaƙi da fara sun yi feshi a wani yanki, ku tambaye su kwana nawa za a jira kafin a koma kiwo, ku cika kwanakin. Ku manoma, in kun fesa wa wake, ku sanar da maƙwabta da makiyayan da ke kusa, ku jira kafin ku tara harawa. Magani da irin shuka mai hoda a aje su sama, a kulle, nesa da dusa da hatsi.

Tun yau, kafin wani abu ya faru, ku je ma'aikatar kiwo mafi kusa da ku, ku karɓi lambar likita, ku tambaya ko akwai atiropin a ajiye. In kuna da ƙungiya, ku kawo zancen a taronku na gaba.

TAMBAYOYIN TATTAUNAWA A DANDALI

1. Mi ya sa bisa ke iya ci gaba da makyarkyata bayan an yi mata atiropin?
2. Mi ya sa ake sake allurar?
3. Wane abu ne ba a ɗura wa bisar da ta sha maganin ƙwari, kuma don mi?
4. A garinku, jarka nawa ta magani ake ɗibar ruwa da ita yanzu haka?

Wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba. Allah ya tsare mu, ya tsare dukiyarmu.